Shekarar da Ɓera Ya Ci Dokar Rumawa

Ku da kuka buɗe shagunan kwamfuta a bakin titin Bodinga, ina jin abin da kuke cewa in na wuce. Ɗalibi ya kawo muku takardu, ku cusa su a bakin inji, ku danna ya huda ramuka, ku zura robar nan mai kama da hanjin kaza, ku miƙa masa. Kun ɗinka littafi ke nan. Sai ku leƙo rumfata ku gan ni da basilla da zare, kwana da kwanaki a kan littafi guda, ku ce tsoho yana jan aiki ne don a ce ya sha wahala. Ban ji haushi ba. Aikinku ma yana da amfani, shi ke kawo mini ciniki in robar ta tsinke. Amma tunda kuna cewa sana'ar ba ta da wuya, ku zauna ku ji.

Aikin farko da aka ba ni girki ne. Kawu Labbo, ƙanin mahaifiyata, baduku ne, rumfarsa tana bayan 'yan albasa. Gafaka yake yi, da tadarishi, wato kwalaye biyun nan masu rufin fata da ake matse Alƙur'ani rubutun hannu a tsakaninsu. Ranar da aka kai ni ya miƙo mini 'yar tukunya da garin alkama da ɓawon maɗaci. Ya ce in jiƙa ɓawon, in dama garin da ruwansa, in ɗora a wuta ina juyawa har ya yi kauri kamar kunun da aka manta da shi. Gam ke nan. Da na sauke ya ce in ɗanɗana.

"Da ɗaci, Kawu."

"Ka haɗiye?"

"Na haɗiye."

"To in kai ka iya haɗiye shi, gara mai cin takarda ma tana iyawa. Koma ka ƙara."

Na daɗe ina dafa gam kafin a bar ni in taɓa aska. Da aka bar ni, sai rage kaurin fata. Jar fatar akuya ce daga majemar Sakkwato, sai ka kwantar da ita a kan allo, kana shafar bakinta da aska har ya yi laushin ganye, don ya lanƙwasu a kan kwali ba tudu. In hannunka ya goce ka huda ta, Kawu ba ya faɗa. Ɗaga ta yake yi a rana, ya leƙe ka ta cikin ramin, ya yi ta kallonka har ka gwammace mari.

Kayan aikin ba su da yawa. Basilla ta huda, allura, zaren da aka goga da kakin zuma don kada ya ruɓe, almakashi, aska, da ƙashin haƙarƙarin sa da aka goge ya yi santsi, na ninke takarda. Matsi kuwa katako biyu ne da dutsen niƙa, sai daga baya na samu tsohon jak ɗin babbar mota wurin wani bakanike, na huta da ɗaukar dutse. Littafin kirki ninki-ninki ne. Kowane ninki ana ɗinke shi ta tsakiya, a sarƙe shi da na ƙasansa, a bi da gam a gadon baya, a buga da guduma ya ɗan gantsare, sa'annan a sa bango. Wanda aka yi wa haka yana buɗewa ya kwanta a gabanka. Wanda ba a yi wa ba, sai ka riƙe shi da hannu biyu kamar kana kokawa da shi.

Da littattafan bugu suka yawaita, na malamai masu zuwa daga Masar da na makarantun boko, Kawu ya raba mana aiki. Ya ce, "Ummaru, ɗauki na boko. Ni ban ɗinka abin da ban san mi yac ce ba." Ni ma ban sani ba, Turancina bai wuce na gaisuwa ba. Amma mai ɗinki ba ruwansa da ma'ana, lambar shafi yake bi. Haka na ɗinka lissafi, na ɗinka likitanci, na ɗinka littafin gyaran tarakta, ban zama ko ɗaya ba.

Masu kawo aiki kuwa duk bakinsu ɗaya: "Ɗan bango ne kawai yac cire." Ka buɗe leda ka tarar an kawo maka littafi kamar an kawo ganyen rama. Wani malami ya taɓa kawo mini littafin fiƙihu da akuya ta ci rabinsa, ya ce in mayar masa yadda yake, kamar ni na san hanyar cikin akuya.

Aikin da zan ba ku labarinsa a buhun shinkafa ya zo. Wani dattijo ne dogo, mai farin gilashi da sanda, ya sauka daga bas ɗin Shagari, ɗan kabu-kabu ya biyo shi da buhun har bakin rumfa. Lokacin Kawu ya rasu, rumfar ta zama tawa, har na gina ɗan ɗakin ƙasa a bayanta na ajiya. Dattijon ya ce sunansa Alhaji Bello, amma kowa Rajistara yake ce masa, don a kotun majistare ya yi aiki har ya yi ritaya. Ya kwance buhun da kansa. Littattafai uku ne, kowane ya kai kaurin bulo, bangon ya zube, gara ta yi hanyoyi a gefe.

"Ka san mi na wanga?"

"A'a, ranka shi daɗe."

"Dokar Rumawa ta. Mutanen da sunka mulki rabin duniya tun ba a haifi kakan kakanka ba. Shafin hagu harshensu, na dama Turanci. Wani majistare Ba'indiye da niy yi aiki ƙarƙashinai yab bar mini su da za shi gida. Ba irinsu ko Sakkwato. In ka ɓata su, ba inda za ka gudu."

Na ce a bar su. Na fara da na farko, na warware shi, na kaɗe ƙasar gara, na shiga jera shafuka. Nan na tsaya cik. Shafukan farko duk sun warwatse, kuma babu lamba a kansu, sai wasu sanduna a tsaye, da wani abu kamar buɗaɗɗen almakashi, da wani kamar an gicciya kara biyu. Na juya, na juya. Ranar kasuwar Shagari na sa su a gafaka na hau mota.

Na tarar da Alhaji a dakalin ƙofar gidansa, shi da wani tsoho gajere mai rawani. Malam Haliru ke nan, tsohon alƙalin kotun yanki, shi ma ya aje aiki. Tare suka yi makarantar allo, kuma in ji mutanen unguwa tun daga lokacin ba su taɓa yarda da juna a kan komai ba. Da na nuna matsalata, Alhaji ya ji daɗi kamar na kawo masa goro. Ya sauko ƙasa, ya shiga zane da bakin sandarsa.

"Lambobinsu ke nan. Sanda guda, ɗaya. Almakashi, biyar. Gicciye, goma. In sanda ta biyo bayan almakashi, ka ƙara, shida. In ta riga shi, ka ɗebe, huɗu."

Malam Haliru ya leƙo daga kan dakali.

"Bello, mutanen da ba su iya rubuta huɗu sai sun rubuta biyar sun ɗebe ɗaya, su za su koya muna shari'a?"

Ranar ban koma Bodinga ba sai la'asar. Alhaji ya ce kalmomin nan da lauyoyi ke yi wa juna kurari da su a kotu, waɗanda ko Baturen ma sai an fassara masa, duk harshen Rumawa ne. Ya ce in ka tsallaka Ƙonni ta Nijar ka yi rigimar ciniki ko ta haya, dokar da Faransawa suka bar musu jikanyar wannan littafi ce. Ya ce mutanen sun yi tunani a kan komai: zumar da ta tashi daga amyarka ta sauka a bishiyar maƙwabci, ta wa ce, gulbin da ya yi ta zaftare gonar wancan yana ƙara wa taka, wa ke da ƙarin. Duk abin da ya faɗa, Malam Haliru amsa biyu gare shi. In ya dace da abin da ya sani, ya ce malamanmu sun faɗa tun dauri, kuma sun fi tsarawa. In bai dace ba, ya ce shirme ne. Da aka kira azahar suka tashi tare, suka tsaya kafaɗa da kafaɗa a sahu, suka dawo suka ɗora daga inda suka tsaya.

Na gama na farko, na sa masa jar fata, na kai. Alhaji ya buɗe shi a tafin hannu, ya kwanta. Ya ce da kyau. Na dawo na warware na biyu. Ina cikinsa damina ta shigo.

Kowace sana'a tana da shekararta, mu tamu ke nan. Ruwa aka yi ta yi ba hutu, gero ya kwanta a gona, fadama ta cika, gidajen ƙasa suka fara zama. Wata rana bayan la'asar ina rumfa na ji wani nishi a bayana, kamar saniya ta kwanta. Bangon ɗakin ajiya ne ya zube. Littattafan malamai suna cikin akwatin ƙarfe, ba abin da ya same su. Fatuna da kwalaye suka tafi. Littafin Rumawa na uku yana naɗe a leda, ya tsira. Na biyu kuwa yana baje a kan tabarma, ninki-ninki, ruwa da laka suka hau shi.

Maƙwabta suka taya ni kwashewa, ga wani hadarin yana haɗowa. Wurin da ya fi kusa mai rufin kwano da daɓen siminti shi ne siton Ɗan'ige mai gero. Ya buɗe mini. Na ɗauraye lakar a hankali, na shimfiɗa shafukan a kan buhuna, na sa tsumma a tsakani. Kullum ina zuwa ina juya su, suna bushewa, har na fara cewa na tsira. Sai aka yi rasuwa a dangin matata a ƙauye, muka tafi, gulbi ya kawo, muka maƙale can 'yan kwanaki. Da na dawo na buɗe siton da safe, na tarar ɓeraye sun yi biki. Gam ɗin Turawa na dā, wanda ke gadon bayan littafin, ba a dama shi da maɗaci ba. Suka bi shi, suka haɗa da takardar. Wasu ninkin an cinye gindinsu, wasu sun zama gari, wasu ma an ja su rami an yi shimfiɗar haihuwa.

Kafin in gama tattarawa labari ya gama kasuwa: littafi ya mutu a hannun Ummaru. Ba wanda ya ce na Rumawa ne, ba wanda ya ce bango ya faɗi. Malaman da na tsare musu nasu a akwati suka zo ɗaya bayan ɗaya, kowa ya ce ya tuna yana da bita, ya karɓi abinsa. Ga shi shekarar ba hatsi, wanda ke neman abin tuwo ba ya neman mai sa bango. Sai in wuni ban huda ko takarda ɗaya ba.

Na zuba abin da ya rage a buhu, har da garin, na kai Shagari. Suna nan a dakalinsu. Na durƙusa na faɗi yadda aka yi tun daga faɗuwar bango. Alhaji ya jawo buhun gabansa. Ya sa hannu a ciki yana ɗago shafuka yana dubawa, yana ajewa. Ya daɗe a haka. Can ya tsaya a kan wani shafi da ba abin da ya taɓa shi, ya gyara gilashi, ya karanta, ya sake karantawa.

"Ummaru, ɓerayen Bodinga sun yi makaranta?"

"Ban sani ba, ranka shi daɗe."

"Sun yi. Ji abin da sunka bar maka." Ya fassara. Maganar mai wanki ce da aka ba tufafi, ɓera ya ci a hannunsa. Rumawa suka ce shi zai biya, don aikinsa ne ya yi tsaron ɓera. "Kai ke nan. Har sunan ɓeran sun kira."

Malam Haliru ya gyara zama.

"Tsaya, Bello. Mu ma wurinmu mai sana'a yana lamunce abin da anka ba shi, sai fa in akwai shaidar cewa ba da hannunai yas salwanta ba. Wanga kuwa Bodinga duka shaida ce bango ya faɗi. Ruwa shi na asalin ɓarnar."

"Littafin ya tsira daga ruwa. Ɓera yac ci shi."

"Wa yak kai shi bakin ɓera in ba ruwa ba?"

Alhaji ya yarda cewa Rumawansa ma sun ɗauke wa mutum abin da ya fi ƙarfinsa, irin ambaliya da gobarar da ta taso daga maƙwabta. Ya ce ya tuna babin, har ya tuna gefen shafin da yake. Ya laluba buhun, ya ɗebo gari a tafin hannu ya duba.

"Yana nan ciki," ya ce. "Amma ban kafa hujja da abin da ban iya nunawa."

Na ce, "Ranka shi daɗe, a faɗa mini abin da zan yi in biya."

"Ba a kai nan ba. Sai an tabbatar da laifi," in ji Alhaji.

Malam Haliru ya ce ai ba ya yiwuwa mutum guda ya zama mai ƙara kuma alƙali. Alhaji ya ce abin mamaki, Rumawa ma haka suka ce. Sun yarda da juna ke nan a karon farko, kuma dukansu ba su ji daɗin hakan ba. Aka shirya Alhaji ne mai ƙara, Malam ne alƙali, ni ne wanda ake tuhuma. Aka ɗage zama zuwa kasuwa mai zuwa. Alhaji ya ƙara da cewa in zo da kayan aikina, don abin da ɓera ya rage a gabansa za a gyara shi, bai ƙara yarda da Bodinga ba.

Gyaran shafin da ɓera ya ci aikin haƙuri ne. Ka samo farar takarda mara kauri, ka ɗora yagaggen a kanta, ka bi bakin cizon da jiƙaƙƙen tsinke, ka yage da hannu don almakashi yana barin kaifi, ka shafa gam kaɗan, ka danne da ƙashi. Inda babu shafi gaba ɗaya, ka sa fari a gurbinsa don lamba ta tafi daidai. Haka nake zaune a tabarma a gindin dakali kowace kasuwa, ina liƙi, ana shari'ata a saman kaina.

Aka kira shaidu. Ɗan'ige ya zo da babbar riga, a tsorace, yana zaton kotun gaske ce. Alhaji ya tambaye shi ko ya san akwai ɓera a sitonsa.

"Siton gero na, ranka shi daɗe. Ranar da ba ɓera, to ba gero."

"Akwai kyanwa?"

"Akwai wata da ke zuwa."

"Taka ta?"

"Ba ta kowa ba ce. Ran da tag ga dama ta zo."

Maganar kyanwar nan ta ci sauran damina. Shin mai hankali yana dogara da kyanwar da ba tasa ba? Shin wajibi ne in tambaya kafin in shimfiɗa? Malam Haliru, wanda aka ce alƙali ne, ya fi kowane lauya kare ni, har jijiyar wuyansa tana tashi. Ni dai ba a cika tambayata ba. Sau ɗaya na buɗe baki zan yi bayani, suka ce in yi shiru, ina dagula shari'a.

Mutane suka fara tsayawa. 'Yan kasuwa daga Lambara da Mandera, in sun sayar da abin da suka kawo, sai su biyo ta ƙofar Rajistara su ji inda aka kwana a shari'ar ɓera. Suna saurare suna kallon hannuna. Wata rana wani manomi daga Mandera ya tsuguna kusa da ni, ya daɗe yana kallon yadda nake liƙe cizo, ya ce akwai Alƙur'anin mahaifinsa da ya jiƙe a ruwan bana. Wata kasuwar ya kawo. Wani ya kawo littafin addu'o'i, wani takardar shaidar makarantar ɗansa, limamin wani ƙauye ya aiko da jaka guda. Mutumin da Bodinga ta daina ba wa aiki don ɓera ya ci littafi a hannunsa, Shagari ta ba shi don ta ga yadda yake gyara cin ɓera. Da wannan muka ci tuwo a gidana har kaka ta zagayo. Matata ta ce tsofaffin nan sun san abin da suke yi. Ni ban sani ba. Na ga dai yadda suke gardama, ba ta wasa ba ce.

Na gama na biyu, rabinsa rubutu rabinsa fari. Na ɗinka na uku. Shari'a ba ta ƙare ba. Wata rana na iso na tarar Alhaji yana murmushi, littafi a cinya. Ya ce ya gano ma'aunin da Rumawa ke auna sakaci da shi: a duba abin da magidanci mai kula zai yi in shi ne. Magidanci mai kula, bangonsa ya faɗi, hadari ya haɗo, ina zai kai takarda in ba ɗaki mafi kusa mai rufin kwano ba?

"Ina ganin yaron ga ba shi da laifi, Haliru."

Lokacin ina da furfura a gemu. Na fara haɗa kayana. Malam Haliru ya ɗaga hannu.

"A'a. Ni ma na sake dubawa. Shaidu sun ga ruwa, amma ba wanda yag ga abin da yaf faru cikin sito. Kuma ya yi tafiya ya bar kayan mutane. Lamuni na nan kainai."

"Kai da kac ce ruwa na asali!"

"Alƙali yana komawa ga gaskiya in ta bayyana mai."

Mai ƙara ya koma lauyana, alƙali ya koma mai ƙara. Aka ɗage.

Shekaru suka yi ta tafiya. Aiki ya dawo Bodinga, malamai suka manta sun taɓa karɓe littattafansu, na rage zuwa Shagari sai in an tara mini aiki. Amma duk ranar da na je, tun daga nesa Alhaji zai ce, "Ga mai laifi nan ya iso," ko da yake shi ke kare ni. A kawo mini fura, a buɗe littafi. Idonsa ya yi rauni har gilashi ya daina yi masa, ya koma kawo hujja da ka, Malam Haliru yana cewa ya nuna shafi. Daga baya ƙafafu suka ƙi, ana fito da shi a kujera.

Wata safiya direban bas ɗin Shagari ya tsaya a bakin rumfata ya ce Rajistara ya rasu. Na samu jana'iza. Bayan addu'ar uku na ja babban ɗansa gefe, na ce akwai wani haƙƙi na mahaifinsu da ban san matsayinsa ba, kuma ni ma na tsufa, ba na so in tafi da shi. Ya ce su magada sun yafe abin da ke nasu, amma maganar ɓera Baba bai taɓa sa su a ciki ba, in je wurin Malam.

Na same shi a dakalin, shi kaɗai, casbaha a hannu. Rawanin ya yi masa yawa. Na gaishe shi, na yi masa ta'aziyya, na zauna a inda na saba zama.

"Allah shi gafarta Malam, na zo a yanke mini hukunci. Ko wane iri ne, na ɗauka."

Ya aje casbahar ya dube ni.

"Ni kaɗai?"

"Kai ne alƙali."

"In niy yanke, wa za ya ce mini ban yi daidai ba?" Ya girgiza kai. "Bello bai rufe hujjatai ba. Ran da nib bar shi yana cewa ya tuna wani babi. Ba a yanke magana ba a gama jin mutum ba. Mu ba mu yin haka, kuma ya ishe ni da cewa Rumawanai ma ba su yi."

"To sai yaushe, Malam?"

"An ɗage."

"Zuwa wace rana?"

"Ka san ranar, Ummaru. Duk muna zuwa, ba mai aiko da uzuri." Ya miƙo hannu in taimaka masa ya tashi, don an fara kiran salla. Da ya tsaya a kan ƙafafunsa ya riƙe kafaɗata. "Ka taho da Ɗan'ige. Kuma a wancan zaman, har ta bakin ɓeran za a ji."